Dokumentarin Kai: Sa'ad da Mai Kyamara Ya Shiga Cikin Labarinsa

Dokumentari fim ne da ake haɗawa da mutane na gaske da abubuwan da suka faru da gaske, galibi babu 'yan wasa, babu ƙagaggen labari. A cikin wannan fanni akwai reshen da mai shirya fim ba ya ɓuya a bayan kyamara. Da bakinsa yake magana, yana cewa "ni". Gidansu da iyayensa da abin da ke ci masa tuwo a ƙwarya su ne kayan aikinsa, kuma sau da yawa yakan bar mai kallo ya ga yadda ake ɗinka fim ɗin, har da wuraren da aikin ya cije. Abu biyu ne suka haɗu a nan: ba da labarin kai, da kuma sa ido a kan aikin fim ɗin kansa. Ana iya samun ɗaya babu ɗaya. A 1929 Dziga Vertov na Tarayyar Sobiyet ya fitar da fim ɗinsa na mutum mai kyamara, inda ake ganin ɗan'uwansa Mikhail Kaufman yana ɗaukar hoto a tituna, ana kuma ganin matarsa Elizaveta Svilova zaune tana yanka fim tana haɗawa, amma babu ko kalma ɗaya game da rayuwar Vertov. Finafinan da suka fi ƙarfi a wannan reshe su ne waɗanda suka riƙe abu biyun tare.

Kafin a gane dalilin fitowar wannan salo, sai an san abin da ya tarar. A shekarun 1930, a ƙarƙashin jagorancin John Grierson a Ingila, dokumentari ya zauna a kan tsari guda: hotuna suna wucewa, wata murya ta namiji da ba a ganin mai ita tana bayani. Muryar ba ta da suna, ba ta kokwanto, ba ta taɓa cewa ban sani ba. Dattawan da suka kalli majigi a filayen garuruwan Arewa a zamanin Turawa sun san irin wannan murya, wadda ke koyar da tsafta da noman auduga da biyan haraji tamkar daga sama take saukowa. Matsalarta ita ce akwai mutum a bayanta, mai ra'ayi da albashi da ubangida, amma tsarin fim ɗin ya ɓoye shi.

Chris Marker na Faransa ya tona wannan asiri a ƙarshen shekarun 1950, a fim ɗin da ya yi a sigar wasiƙa daga Saiberiya. Ya ɗauki hoton wani titi a birnin Yakutsk: motar bas ta wuce, wata mota ta alfarma ta wuce, leburori suna gyaran hanya. Sai ya nuna hoton sau uku, kowane da sharhinsa. A na farko birnin aljannar ma'aikata ne, a na biyu kurkukun bayi ne, a na uku an yi ƙoƙarin faɗin abin da ido ya gani kawai. Hoton bai canza ko ƙwayar zarra ba, amma mai kallo ya ga gari uku, kuma Marker bai yarda cewa ko na ukun ya kuɓuta daga son rai ba.

Wajen 1960 kayan aiki suka sauya. An samu kyamarori marasa nauyi masu fim na milimita 16 da ake saɓawa a kafaɗa, da rikodar Nagra da ke ɗaukar sauti daidai da hoto. Daga nan hanya ta rabu biyu. A Amurka, Robert Drew da Richard Leacock da D. A. Pennebaker da Albert Maysles suka bi John Kennedy da Hubert Humphrey a zaɓen fid da gwani na jihar Wisconsin, suka fitar da Primary. Ƙa'idarsu ita ce mai kyamara ya yi tsit: ba tambaya, ba sa baki, ya bari abu ya faru. A Faransa kuwa Jean Rouch da masanin zamantakewa Edgar Morin suka ɗauki akasin haka. A Chronique d'un été, wanda aka ɗauka a Paris a 1960 ya fito a 1961, an tare mutane a titi ana tambayarsu ko suna cikin farin ciki, su Rouch da Morin kuma suna cikin hoto ana ganinsu. Kusa da ƙarshe suka tara waɗanda aka ɗauka a ɗakin kallo suka nuna musu fim ɗin, gardama ta kaure, wasu na cewa wance ta yi wasan kwaikwayo, wasu na cewa ta buɗe cikinta fiye da kima. Fim ɗin ya rufe da masu shirya shi biyu suna kai da kawowa a gidan tarihi na Musée de l'Homme, suna tantamar ko sun yi nasara.

Wannan ɗabi'a ta mayar wa mutane hotonsu a Nijar Rouch ya koye ta. Injiniya ne da ya fara zuwa ƙasar a 1941, daga baya ya koma nazarin al'adu da kyamara. A farkon shekarun 1950 ya ɗauki farautar dorina da Sorkawa ke yi a kogin Kwara, ya sa wa fim ɗin kiɗa don ƙara armashi, sannan ya kai shi Ayorou ya nuna. Masuntan suka ce bai yi daidai ba: dorina tana da kunne, idan aka yi kiɗa a lokacin farauta za ta ji ta tsere. Rouch ya karɓi gyaran, kuma daga nan ya riƙa ɗaukar waɗanda yake yi wa fim a matsayin abokan aiki masu ikon ƙi. A Nijar ɗin ya rasu, a hatsarin mota kusa da Birnin Ƙonni a Fabrairun 2004.

Ɓangaren labarin kai zalla ya fi bunƙasa a Amurka. Jonas Mekas, ɗan gudun hijira daga Lithuania da ya sauka New York a 1949, ya sayi ƙaramar kyamarar Bolex ya riƙa ɗaukar abin da ya gani kullum, dusar ƙanƙara da abokai da bukukuwa, yadda wasu ke rubuta littafin ajiyar kwanaki; daga tarin nan ya fitar da Walden a 1969. Ed Pincus, wanda ya koyar a jami'ar MIT tare da Leacock, ya juya kyamara kan matarsa da 'ya'yansa daga 1971 zuwa 1976, har da rigingimun aurensu, sannan ya bar fayafayan suka kwana shekaru kafin ya tace su. Tun ma kafin salon ya yi ƙarfi an fara yi masa shaguɓe: David Holzman's Diary na Jim McBride, 1967, ƙagaggen fim ne a rigar dokumentari, game da saurayin da ya dage sai ya ɗauki rayuwarsa dukanta har budurwarsa ta gudu.

Ɗalibin su Pincus, Ross McElwee na North Carolina, shi ya kai salon gaban jama'a. Ya samu tallafin kuɗi don ya bi sawun Janar William Sherman, wanda ya ratsa kudancin Amurka da ƙone-ƙone a yaƙin basasa a 1864. Ana gab da fara aiki sai budurwarsa ta rabu da shi. Ya tafi kudu duk da haka, amma a maimakon filayen daga sai kyamarar ta koma bin matan da yake haɗuwa da su, da danginsa da suka matsa masa ya yi aure, da tsoron yaƙin nukiliya da ke hana shi barci. Wata tsohuwar malamarsa, Charleen, takan yi masa faɗa a gaban kyamara cewa ya ajiye na'urar nan ya fuskanci mace kamar mutum. Sherman's March ya haura awa biyu da rabi, ya kuma ci babbar kyautar dokumentari a bikin Sundance na 1987. Wanda ya kalle shi a gurguje zai ce surutun gwauro ne. Amma a ƙarƙashin barkwancin an zana kudancin Amurka na wancan lokaci da kyau, da addininsa da bindigoginsa da tabon yaƙin da bai warke ba, kuma an yarda da zanen ne saboda mai zanen bai ɓoye rauninsa ba.

Hujjar masu wannan salo ke nan. Mai ba da shaida a gaban alƙali sai ya faɗi sunansa da abin da ke tsakaninsa da masu shari'a kafin a saurare shi, kuma faɗin hakan ba ya rushe shaidar, sai dai ya nuna yadda za a auna ta. Masanin fim Bill Nichols, da ya kasa dokumentari gida shida a littafinsa na 2001, ya ware wa irin waɗannan finafinai gurabe na kansu, abin da ya nuna cewa a lokacin sun daina zama baƙi a fannin.

Ta fuskar aiki, murya ita ce ginshiƙi. Ba a cika ɗaukarta tare da hoto ba. Ana rubuta ta daga baya, a ɗakin tacewa, bayan watanni ko shekaru. Saboda haka a kowane irin wannan fim mutum biyu ne ke cewa "ni": wanda ya riƙe kyamara bai san abin da gobe za ta haifar ba, da wanda ke magana yanzu ya riga ya sani. Tazarar da ke tsakaninsu ita ce take haifar da dariya ko tausayi. Wasu sukan mai da muryar wasiƙa. Chantal Akerman ta Beljiyam, a News from Home na tsakiyar shekarun 1970, ta ɗora wasiƙun mahaifiyarta a kan hotunan titunan New York da jiragen ƙarƙashin ƙasa, tana karanta su da kanta, ƙarar motoci na danne muryar lokaci-lokaci. Ba a ga fuskarta ba ko sau ɗaya, amma kewa da gajiya da ƙorafin uwa duk sun fito.

Agnès Varda ta nuna abin da ƙaramar kyamarar dijital ta ƙara. A Les Glaneurs et la glaneuse, 2000, tana da shekara saba'in da ɗoriya, ta zagaya Faransa tana ɗaukar masu kalar amfanin gona bayan girbi da masu tsintar abinci a kasuwa bayan an watse. Da hannu ɗaya take riƙe kyamarar, sai ta ɗauki ɗaya hannun nata, da tamojinsa da ɗigo-ɗigon tsufa. Ta tsinci dankali mai siffar zuciya da aka zubar don bai dace da awon kasuwa ba, ta kai gida ta ajiye har ya yi tsiro. Akwai inda ta manta ba ta kashe kyamara ba, murfin gilashin na ta lilo a kan hoton ƙasa. Wani zai yar da wannan, ita kuwa ta sa masa kiɗa ta bar shi a fim. Da haka ta shigar da kanta sahun masu kala ba tare da ta ƙwace musu labarin ba.

Tsofaffin hotunan gida ma kayan aiki ne, amma ba a rasa tarko a cikinsu. Sarah Polley ta Kanada, a Stories We Tell na 2012, ta binciki rayuwar mahaifiyarta marigayiya, bayan ta gano cewa wanda ya rene ta ba shi ya haife ta ba. Ta zaunar da 'yan'uwanta ɗaya bayan ɗaya, kowa ya kawo nasa zancen, suna saɓa wa juna. Sai can gaba mai kallo ya fahimci cewa wasu daga cikin hotunan da ya ɗauka na da ne, 'yan wasa ne aka sa aka ɗauka da tsohuwar kyamara. Wasu sun kira wannan yaudara. Sai dai ita da kanta ta buɗe dabarar a cikin fim ɗin, kuma a wannan salo nan ne iyakar take: ana iya sake gina abin da ya wuce, muddin an bar wa mai kallo hanyar ganewa.

Inda salon ya fi nuna nauyinsa shi ne wuraren da hukuma ta goge tarihi, har ya zama ƙwaƙwalwar mutum ɗaya ce kaɗai ma'ajiya. David Achkar ɗan Gini ya yi Allah Tantou a 1991 game da mahaifinsa Marof Achkar, jakadan ƙasar a Majalisar Ɗinkin Duniya, wanda gwamnatin Sékou Touré ta kulle a sansanin Boiro aka kashe shi a 1971. Da rubuce-rubucen da uban ya yi a kurkuku da hotunan gida ya haɗa fim ɗin. Rithy Panh na Kambodiya ya rasa iyayensa a mulkin Khmer Rouge na 1975 zuwa 1979, kuma hotunan da suka rage daga wancan zamani na farfagandar masu mulki ne, don haka a L'Image manquante na 2013 ya sa aka sassaƙa ƙananan mutum-mutumi na yumɓu aka jera su a madadin hoton da babu. Ari Folman na Isra'ila, wanda ya yi soja a yaƙin Labanan na 1982, ya yi Waltz with Bashir da zanen katun yana neman abin da ya manta game da kisan Sabra da Shatila, sai a mintunan ƙarshe ya ajiye zane ya nuna ainihin hoton gawarwaki. Bafalasɗine Emad Burnat ya sayi kyamara a 2005 don haihuwar ɗansa na huɗu, ta zama shaidar zanga-zangar ƙauyensu Bil'in, har kyamarori biyar suka lalace a hannunsa. Waad al-Kateab ta yi For Sama, 2019, a matsayin bayani ga 'yarta kan dalilin da ya sa iyayenta suka zauna a Aleppo ana ruwan bama-bamai.

A Afirka ta Yamma salon ya daɗe. Safi Faye ta Senegal ta yi Kaddu Beykat a 1975 a sigar wasiƙa daga ƙauyensu, Jean-Marie Teno na Kamaru kuma ya yi magana da bakinsa a Afrique, je te plumerai na 1992. A ƙasar Hausa, 'yan Nijar ne suka fi riƙe shi. Sani Elhadj Magori, ɗan Galmi, ya yi Koukan Kourcia game da mahaifinsa da ya tafi cirani Abidjan ya daɗe bai dawo ba. A da can waƙoƙin wata zabiya, Hussey, suna cikin abin da ke zuga samari su bar gida su nemo arziki a bakin teku. Sai Magori ya je ya roƙe ta, ta riga ta tsufa, ta bi shi har Abidjan ta yi wa uban waƙar da za ta jawo shi gida. A nan mai fim bai tsaya kallon abin da ke faruwa ba. Shi ya ƙulla tafiyar, kuma bai ɓoye hakan ba. Amina Weira ta koma Arlit a La Colère dans le vent na 2016, ta bi mahaifinta, tsohon ma'aikacin ma'adinin yuraniyom, don ta yi maganar ƙura da ciwo a garin.

Fim ɗin Aïcha Macky ta Damagaram, L'Arbre sans fruit, wato bishiyar da ba ta 'ya'ya, shi ma na 2016, ya fi shiga lungu. Macky matar aure ce da ba ta samu haihuwa ba, mahaifiyarta kuma wajen haihuwa ta rasu, don haka ga marigayiyar take magana a cikin fim ɗin. Daga nata halin ta shiga na sauran mata: gorin dangin miji, barazanar kishiya ko saki, yawon asibiti da na masu magani, da yadda ake ɗora wa mace laifi tun kafin a ce namiji ya je a gwada shi. A al'ummar da kunya da rufin asiri ke da daraja, da wuya wata mace ta yarda ta faɗi wannan a gaban baƙon da ya zo da kyamara. Sun yi magana ne don mai tambayar ta fara ajiye nata a fili. Fim ɗin ya ci kyautar dokumentari mafi kyau a gasar finafinan Afirka ta AMAA ta shekarar.

Sukar da aka fi yi wa salon ita ce son kai, kuma ba ƙarya ba ce gaba ɗaya. Akwai finafinai da yawa da mai su ya ɗauka cewa duk abin da ya same shi ya isa a tara jama'a a kai. Ana gane su da cewa sauran mutanen ciki ba su da aikin da ya wuce haska jarumin, kuma babu wanda ke iya ƙaryata shi. Akasin haka, a Nobody's Business na Alan Berliner, 1996, mahaifinsa ya yi ta ƙin amsa tambayoyi yana cewa rayuwarsa ba ta shafi kowa ba, ɗan kuma ya bar ƙin yardar ta zama ƙashin bayan fim ɗin.

Suka ta biyu ta fi nauyi, ita ce ta haƙƙin dangi. Mai fim ya zaɓi ya buɗe sirrinsa, amma babu wanda sirrinsa nasa ne shi kaɗai. Da na uwa da na miji da na 'ya'ya a ciki. Uwa takan amince don ba ta iya ce wa ɗanta a'a, ba don ta san cewa dubban baƙi za su kalle ta ba. Yaro ba shi da bakin ƙi, mai ciwon mantuwa ma haka. Kirsten Johnson ta Amurka ta tunkari wannan kai tsaye. Ta shafe shekaru tana ɗaukar wa wasu daraktoci hoto, sai a 2016 ta tattara guntayen da suka tsaya mata a rai ta yi Cameraperson. Kusan ba a ganinta, sai dai a ji numfashinta, ko atishawar da ta girgiza hoto, ko hannunta yana cire ciyawa daga gaban gilashi. A ciki akwai ɗakin haihuwa na wani asibiti a Kano, inda ungozoma ke fama da jaririn da ya ƙi numfashi, ana jin mai kyamarar tana tambaya cikin firgici. Akwai kuma mahaifiyarta da ciwon mantuwa ya ci ƙarfinta. Jera su wuri ɗaya ya sa tambayar ta hau kan duka biyun: wa ya ba da izini, kuma me mai ɗaukar ya bari a baya da ya tafi? A 2020 ta yi Dick Johnson Is Dead tare da mahaifinta, wanda shi ma mantuwa ta fara kama shi, suna shirya mutuwarsa ta wasa iri-iri. Ya yarda, yana ma dariya, amma masu sharhi sun yi ta muhawara a kan ko yardar da ya bayar a farkon aiki tana nan a ƙarshensa.

Batun kuɗi yana da fuska biyu. Ɗauka ta yi arha: Jonathan Caouette ya haɗa Tarnation, 2003, labarinsa da na mahaifiyarsa mai taɓin hankali, a kan manhajar iMovie da kusan dala 218, ko da yake sayen haƙƙin waƙoƙi da guntayen finafinan da ya sa a ciki ya ninka wannan kuɗi ninkin-ba-ninki kafin a kai shi sinima. Jafar Panahi na Iran, bayan kotu ta hana shi yin fim na shekara 20, ya yi This Is Not a Film a cikin gidansa a 2011, wani sashe da wayar hannu. Yanzu duk mai waya yana iya juya ta ga fuskarsa ya saka a TikTok ko YouTube, sai dai wannan ɗauka ce ta yau don kallon yau. Ba ta da jiran da ke ba mutum damar komawa ga hotonsa da wani ido. Tacewa kuwa, wadda ita ce ke cin watanni, har yanzu tana da tsada. Shi ya sa yawancin irin waɗannan finafinai na Nijar da maƙwabtanta da haɗin gwiwar kamfanonin Turai ake yin su, da dama daga masu yin su kuma a jami'ar Gaston Berger da ke Saint-Louis a Senegal suka yi karatun dokumentari. Sakamakon haka sukan zagaya bukukuwan finafinai na Turai da FESPACO na Wagadugu kafin su isa garuruwan da aka ɗauke su, inda dangi da maƙwabtan da ke cikin hoton suke zaune.